Ranar da Na Share Gemun Waliyyi

Jikana Adil ya kai littafinsa na makaranta wani kanti a unguwar Kudai, aka sa a inji, aka manne, aka yanke, kafin ya shanye lemonsa an miƙo masa. Ya shigo gida yana kaɗa mini shi a fuska, ya ce, "Ya sitti, wai wannan ne aikin da kika yi shekara arba'in kina yi?" Ƙanwarsa Samira tana gefe tana dariya. Na karɓi littafin na buɗe shi a tsakiya sau biyu, warƙa uku suka faɗo mini a cinya. Ban yi musu gardama ba. Na dai ce a samo mini takarda da biro, tun da ku yaran yanzu abin da aka faɗa da baki ba ya shiga kunnenku sai kun gan shi a rubuce. Karatuna bai yi nisa ba, amma abin da kunnena ya ji ba ya zubewa.

Mahaifina Malam Isa yana yaro iyayensa suka taso da shi daga Kano a ƙafa. A nan Makka ya girma, ya koyi ɗinkin littafi wurin wani mutumin Buhara da ke kusa da masu sayar da littattafai a bakin Harami. Gidanmu a Misfala yake, ɗakin ƙasa shi ne wurin aiki. Akwai labule a tsakiya: Baba yana waje da masu kawo aiki, ni ina ciki. Allah bai ba shi ɗa namiji ba, don haka ina shekara tara ya zaunar da ni a bayan labulen nan, kuma in gaya muku gaskiya ban ƙara son ko'ina kamar wurin ba. Duniya ce take zuwa ta same ni ina zaune.

Aikin farko da ya ba ni shi ne dama kunun manni. Shekara guda cur ban taɓa allura ba. Garin alkama ne da ruwa, a kan wuta kaɗan, ana juyawa hannu ɗaya ba a komawa baya, sannan a zuba murru mai ɗaci don kada kyankyaso ya ci littafin. In ya yi gudaji, Baba ba ya faɗa. Yatsa zai sa ya ɗebo gudajin ya ajiye mini a bayan hannu, in yini da shi yana bushewa. Shekara ta biyu aka ba ni burushi. Farin gashin akuya ne aka ɗaure a bakin kara, laushinsa kamar auduga. Kowace warƙa sai an buɗe ta, an miƙar da inda ta lanƙwashe, an share ta daga tsakiya zuwa baki, an danne ta da ƙashi mai santsi. Buɗe, share, danne. Sai da na yi wannan har hannuna yana yi ina tunanin wani abu dabam, sannan aka nuna mini basilla da zare da kakin zuma, da katako biyun da muke matse littafi a tsakaninsu da dutse a kai.

Littattafan mutanenmu na ƙasar Hausa su ne masu wuya, domin ba a ɗinke suke zuwa ba. Warƙoƙi ne a sake tsakanin kwali biyu, a cikin gafaka, ba lambar shafi. Abin da ke akwai shi ne kalma ɗaya da marubuci yake ajiyewa a gindin kowace warƙa, ita ce kalmar farko ta warƙar da ke bin ta. Ni ba karanta kalmar nake ba, fuskarta nake dubawa, in nemo 'yar'uwarta. In an jera su, sai a haɗa su bibbiyu da siririyar takarda kafin allura ta samu wurin shiga. Wannan kaɗai yana cin kwana uku.

Mafi yawan abin da ake kawo mana littattafan waliyyai ne na shekara ɗari biyu ko uku da suka wuce: inda aka haife su, abin da suka yi, da abin da suka bari, da garin da kowane abu yake. Sanda, buzu, carbi, haƙori, takalmi. A kasuwa ba a son a ga irinsu a fili, shi ya sa ake biyowa da su lungunmu a ƙarƙashin riga. Kuma ba wanda zai bar littafinsa bai karanta wa Baba inda ya fi so ba, ni kuwa ina ji. Da haka na san wani waliyyi na ƙasar Magrib da na ƙirga masa takalmi bakwai a garuruwa bakwai, duk na ƙafar dama. Na gaya wa Baba, ya ce bawan Allah ya sha wahalar tafiya. Akwai wata sanda kuma da gari uku kowanne yake cewa tana wurinsa, kowane littafi yana tsine wa sauran biyun. Duk ukun sun zo mana a wata ɗaya, na matse su tare ƙarƙashin dutse ɗaya kwana biyu, ban ji hayaniya ba. Malaman yanzu sun ce riƙe irin waɗannan abubuwa ba kyau, na kuma ji, Allah ya yafe mana baki ɗaya. Mu dai ɗinki aka kawo mana.

Wani Bahindi ya taɓa hana mu gyara bakin littafinsa, da muka nuna masa dole ne sai ya zo da mayafi ya tara abin da wuƙa ta yanke, ya ƙulle ya tafi da shi. Daga nan Baba ya kafa doka: duk abin da aka samu a cikin littafi, a mayar da shi daidai inda yake. Na samu ƙasar kabari a ƙulle. Na samu zaren rawani. Na samu rabin goro baƙi ƙirin kamar dutse, da shatin haƙora a jikinsa, mai shi ya ce kakan kakansa ne ya tsinta bayan wani bawan Allah ya gutsura ya ajiye. Na mayar da shi shafinsa, na yi wa bangon kumburi don ya zauna.

Sai shekarar da yaƙin Turawa ya tsayar da jiragen ruwa. Alhazai ba su zo ba sai ƙalilan. Masu littattafai suka rufe, wasu suka koma dako. A gidanmu Baba ya daina sa murru a kunun manni, ba wanda ya tambaye shi dalili, domin abin da ya rage a tukunya da yamma Inna takan ƙara masa ruwa da gishiri mu sha. Wata uku allurata ba ta shiga takarda ba.

Ranar ɗaya ga watan Hajji wani tsoho ya yi sallama. Ta ƙasan labule ƙafafunsa na fara gani, sun tsage kamar bayan kunkuru. Ya ce sunansa Malam Gambo, daga wani ƙauye a ƙasar Damagaram, shekararsa shida a hanya: ya yi noman auduga a Sudan, ya yi jiran jirgin kwale-kwale, ya yi ciwo ya tashi. Ya kwance gafaka daga ƙirjinsa ya ajiye gaban Baba da hannu biyu.

"Malam Isa, littafin waliyyin garinmu ne. Allah ya yi masa komai, sai abu ɗaya. Ya yi niyyar Hajji sau uku, sau uku ana riƙe shi, har ya rasu bai zo ba. Shekara ɗari biyu abin yana damun garinmu."

"Allah ya jiƙansa," in ji Baba. "Ai sai wani ya yi masa."

"An yi masa, sau da yawa. Amma dattawa sun ce gara shi ma ya zo da kansa."

Baba ya matso kusa. Ni kuwa na tsayar da numfashi don in ji da kyau. Na ji ƙarar takarda ana warwarewa, sai na leƙa. A tsakiyar littafin akwai wata 'yar takarda a ninke, a cikinta gashi ɗaya, fari, tsawon ɗan yatsa.

"Na gemunsa ne," Malam Gambo ya ce da ƙaramar murya. "Shi kaɗai ya rage mana. A masallaci aka damƙa mini shi, na dafa Alƙur'ani na ce zai tsaya a Arfa, kuma zan mayar da shi hannunsu. In babu shi, ni ma babu ni a garin. Na bar mata da 'ya'ya biyar."

Abin da yake so shi ne a ɗinke littafin, don kada iskar Arfa ta watsa masa warƙoƙi, a kuma yi wa gashin aljihu a cikin bango. Baba ya ce ya tafi da gashin har a gama. Ya ce a'a, tun da aka rubuta littafin ba a taɓa raba su ba, kuma inda yake kwana su talatin ne a ɗaki. Ranar bakwai ga wata zai zo ya karɓa, washegari a fita Mina.

"Gidan nan ba a taɓa ɓatar da ko zare ba," in ji Baba. Ya ɗaga murya: "Habi, kin ji?"

Na ce na ji.

Rana ta uku da hantsi ina kan sharewa. Warƙa ɗari biyu da wani abu, na yi nisa, hannuna ya kama hanya. A makwabta ana wata rigima kan tukunyar aro, kunnena yana can. Buɗe, share, danne. Buɗe, share, danne. Sai na ga takardar da ke ƙarƙashin ƙashina ta fi sauran ƙanƙanta, ga shatin ninki huɗu a jikinta, na miƙar da su sumul. Aiki ya yi kyau ƙwarai. Babu komai a kanta.

Ban motsa daga inda nake ba. Na kira Inna a hankali na ce ta rufe ƙofa da taga, kada ta taka ko'ina. Na cire mayafina na duba, na duba rigata, na duba tsakanin yatsun ƙafata. Sannan na bi tabarmar kara ɗaya ɗaya, na tara ƙurar ɗakin kaf na tace ta a rariya. Allah da ikonsa, na samu farin gashi. Na samu wani. Na kuma samu na uku.

Ku gane, a kan tabarmar nan Baba yake taje gemunsa kowace safiya, gemun kuwa ya yi fari tas. Burushina kuma ya tsufa, yana zubar da gashi. Na jera su a tiren shayi: uku, duk fari, duk tsawon ɗan yatsa.

Baba ya dawo daga azahar ya same ni zaune gaban tire. Na gaya masa. Ya durƙusa ya sa tabarau, ya daɗe yana kallo.

"Ɗaya na waliyyi, ɗaya nawa, ɗaya na akuya," ya ce. "Ai nawa ba zai gagare ni ba."

Ya sa hannu ya tsige ɗaya daga gemunsa don ya gwada. Zafin tsigewar ya sa shi atishawa. Da muka buɗe ido, babu komai a yatsunsa, a tire kuma akwai huɗu, sun canza wurin zama.

Inna tana tsaye bakin ƙofa ta ce, "Malam, ka cire hannunka daga gemun nan kafin su kai goma." Can ta sake cewa, ƙasa ƙasa, "Ku zaɓi mai kyau a ciki ku ninke masa. Wa zai sani?"

"In muka zaɓi na akuya fa?" in ji Baba. "Gari guda su yi ta tashi tsaye suna gaishe ta har tashin duniya, a wuyana?" Ya juyo gare ni. "Ke kika share, ke za ki faɗa. Kuma ba ta bayan labule ba."

Aka aika aka kira Malam Gambo washegari da safe. Na yafa mayafi na fito na durƙusa, na ajiye tiren a gabansa, na faɗa masa komai tun daga rigimar tukunya har atishawa. Ya kalli tiren, ya kalle ni, ya kalli gemun Baba. Ya nemi ruwa ya sha.

"'Yata, kin tabbata yana cikin huɗun nan?"

"Baba Malam, ƙofa a rufe take, kuma na tace ɗakin nan kamar garin tuwo. Farin gashin da ke cikinsa ke nan."

"To," ya ce. "Littafin ya faɗi alamominsa. Uku ne."

Na miƙo masa warƙoƙin, ya nemo wurin ya karanta. Alama ta farko, ƙanshin almiski. Aka bi su ɗaya ɗaya ana shinshinawa, kowa yana toshe bakinsa da hannu don kada ya hura. Malam ya ce duka warin kunu suke. Baba ya ce shi na biyun kamar yana ɗan ƙanshi. Inna daga ciki ta ce turaren da yake shafawa ranar Juma'a ne, a bar wannan.

Alama ta biyu, ƙuda ba ya sauka a kansa. Wannan kuwa a Makkar wancan lokaci ba a rasa mai gwadawa. Aka buɗe taga kaɗan, muka zauna mu uku muka zuba wa tire ido tun hantsi har kiran azahar. Ƙudaje suka shigo. Suka sauka a bakin tire, suka sauka a kofin ruwa, ɗaya ya yi ta zarya a hancin Malam shi kuma yana tsoron kore shi. Ko ɗaya bai taɓa gashi ko ɗaya ba.

"Ka gani ko," in ji Baba, kuma na ji daɗi a muryarsa.

"Malam Isa, har da akuyar fa," in ji Malam Gambo.

Saura ta uku: wuta ba ta cinsa. Inna ta kawo garwashi a kasko ta ajiye. Maganar a fili take. A ɗora su ɗaya ɗaya, na ƙarya su ƙone, na gaskiya ya rage. Malam ya lashi yatsa ya ɗauki na farko, ya kai shi saitin garwashin. Hannunsa ya tsaya a sama. Ina jin numfashinsa.

"In duk huɗun suka ƙone fa?"

Malam ya janye hannunsa baya.

"Ni na yarda da littafin," ya ce. "Tun ina yaro nake karanta shi. Amma wanda ya rubuta shi ban san ko ya gwada ba."

Ya mayar da gashin tire, ya ce a ɗauke wutar. Ya jingina da bango ya rufe ido, ya fara lissafin yadda zai zauna a Makka: ko zai iya ɗaukar ruwa da wannan bayan nasa, ko akwai mai tafiya ƙasa da zai kai wa iyalinsa labari cewa ya mutu a hanya, don hakan ya fi sauƙin ji. Ba kuka yake ba, magana yake kamar mai shirin kasuwa. Wannan ya fi tsorata ni.

Sai na ce, "Baba Malam, in faɗi wani abu na sana'armu?"

Ya buɗe ido.

"Wani lokaci akan kawo mana littafi da baƙuwar warƙa a ciki, ba mu san ko tasa ce ko ta wani ba ce. Ba ma zubarwa, ba ma kuma zaɓa. Duka muke ɗinkewa. Ka yi rantsuwa gashin zai tsaya a Arfa, zai kuma koma gida. Ba ka yi rantsuwa zai tafi shi kaɗai ba."

Ya daɗe yana juya maganar.

"Wato akuya ta yi aikin Hajji."

"Akuya nawa ke zuwa Mina kowace shekara, Malam?" in ji Baba.

"Su ba sa dawowa."

"To wannan ta yi sa'a. Nawa biyun kuma kada su dame ka, sun riga sun sauke farali, nafila za su yi."

Malam Gambo ya yi wata dariya gajeriya da ta fi kama da tari. Amma ya kafa sharaɗi: shi ba zai yi wa garinsu ƙarya ba. Baba ya rubuta abin da ya faru da hannunsa a cikin bangon, yadda yake, ba ragi.

Bangon nan ban taɓa yin irinsa ba. Kwali na yi mai kauri uku, na rufe shi da jar fatar akuya ta ƙasa, guda ɗaya da ta rage mana, Inna tana cewa to ga 'yan'uwa sun haɗu. A ciki na yanka aljihu huɗu ƙanana a jere, kowanne da harshen da ke rufe shi, girmansu ɗaya don kada a ce mun fifita wani. Da zan sa gashin na ɗaure bakina da hancina da ƙyalle, aka kuma fitar da Baba waje. Shi ya yi rubutunsa a ƙasan aljihunan: ɗaya na waliyyi, biyu na Isa mai ɗinki, ɗaya na burushi, Allah ne ya san wanne. Ranar bakwai Malam ya ɗaure littafin a ƙirjinsa ya tafi.

Bayan kwanakin Mina ya dawo yi mana sallama, hannunsa na dama a kumbure yana rataye da rawani. Baba ya tambaye shi ko faɗuwa ya yi.

"Jifa ce. A Muzdalifa na tsaya tsintar tsakuwa sai na tuna ba ni kaɗai ba ne. Da na waliyyi kawai zan tsinta, to wanne ne shi? Na mutum biyar na tara, na mutum biyar na jefa, kwana uku. Wani Balarabe ya tambaye ni me shaiɗan ya yi mini haka."

"Aski fa?" in ji Baba.

"Na kai su gaban wanzami na tsaya ina tunani. In aka aske su, me ya rage? Sai na ce ya yi mini nawa sosai, ya wadatar."

A Arfa, ya ce, ya buɗe bangon ya ɗaga aljihunan huɗu suna kallon dutsen tun zawali har faɗuwar rana, iska tana ta kaɗawa, ko warƙa ɗaya ba ta motsa ba. Wannan maganar ni ya juyo ya faɗa wa, ta labule.

Shekara goma sha biyu ba mu ji ɗuriyarsa ba. Lokacin an fara zuwa a mota da jirgin sama, aiki ya dawo, idon Baba ya yi rauni, ni ke yin komai shi yana zaune yana karɓar baƙi. Wata safiya wani matashin ɗan kasuwa ya yi sallama, ya tambaya ko nan ne gidan Isa mai ɗinki. Da aka ce nan ne, tun daga titi ya cire takalmi. Ya shigo yana neman a nuna masa tabarmar. Daga ƙauyen Malam Gambo yake, ya kawo sabon kwafin littafin waliyyi a ɗinke masa.

Baba ya fara tambayar Malam. Ya ce ya isa gida lafiya bayan shekara biyu, aka tare shi tun daga bayan gari, ya aurar da 'ya'yansa duka, ya yi limanci, bara ya rasu a ɗakinsa. Muka yi masa addu'a. Na ɗauki warƙoƙin na auna a hannu, na ji sun fi na da nauyi.

"An ƙara babi," in ji saurayin. "Babin gashin da ya tafi Makka ɗaya ya dawo huɗu."

"Malam Gambo bai gaya muku yadda aka yi ba?" in ji Baba. "Ba ku ga rubutu a bango ba?"

"Ya faɗa, a masallaci, sau uku. Rubutun ma an kwafe shi, ga shi nan. Malamai suka ce dubi tawali'un bayin Allah, abu ya faru a hannunsu sun ɗora wa akuya."

"Yaro, ni na rubuta, kuma gaskiya ce. Wannan gemun da kake gani, daga nan biyu suka fito."

"Na'am, Baba. Haka littafin ya ce za ka ce."

Baba ya saki gemunsa. Can ya gyara zama, ya ce to a karanta masa babin ya ji. Saurayin ko dubawa bai yi ba, ya haddace. Na aljihun farko, in damina ta yi jinkiri akan fita da shi bayan gari, kafin a dawo an jiƙe. Na biyu, mace mai doguwar naƙuda akan kai mata shi bakin ƙofa. Na uku, ɓarawo ba ya iya rantsuwa a gabansa.

"Na huɗun fa?"

"Shi ba ya komai, Baba. An gwada shi a kan fari, an gwada a kan ciwon ido, an gwada a kan fara. Shiru. Shi ya sa malamai suka zauna suka yanke cewa shi ne na waliyyi na ainihi, domin shi ma da ransa ba ya son a san da shi."

Na karɓi aikin. Ni ba a kawo mini littafi don in gyara abin da ke ciki ba. Da baƙon ya fita, da baya da baya, Baba ya zauna yana lanƙwasa yatsu.

"Habi, kin ji lissafin? Uku ke aiki, ɗaya na akuya. Ko ta yaya aka raba, biyu nawa ne." Ya shafa gemunsa a hankali. "Shekara goma ina kawo ruwa a Damagaram ban sani ba."

Inna tana daga tsakar gida ta ce, "To Malam ka fara da randar gidanka. Tun jiya mai ruwa bai zo ba, ko na alwala babu."

Baba ya sake lanƙwasa yatsun.

"Ruwan," ya ce, "ina jin na akuyar ne."